Tambaya da Amsa: Galaksin NGC 1023 Ta Mutu Ne?

Tambaya: Malam, na ga hoton wata galaksi (wato babban tarin taurari) mai suna NGC 1023. Ba ta da rassan nan masu murɗewa da aka saba gani, wani dogon haske ne kawai. An ce tana da sanda a tsakiya, kuma tana cikin rukuni, ni kuwa ita kaɗai na gani. Ta mutu ne?
Daga wata ɗaliba

Amsa: Malama, da ranta, haihuwar sabbin taurari ce ta kusa dainawa. Taurari daga iskar gas mai sanyi da ƙura suke samuwa. Manya masu shuɗin haske, waɗanda ke haska rassan galaksi, ba sa daɗewa: shekaru miliyoyi kaɗan sun ƙone. Ƙanana irin ranarmu kan kai shekara biliyan 10. To idan gas ya ƙare, manyan su mutu ba magaji, sai a bar tsofaffi masu haske rawaya, rassan su dushe. Abin da ya rage shi ne faifai mai kumburi a tsakiya. Masanin taurari Edwin Hubble ya ba irin wannan lambar S0 a 1936, mai sanda kuma ana rubuta ta SB0.

Sandar ma taurari ce, masu kewayawa a dogayen hanyoyi da suka jeru wuri guda. Takan tura gas zuwa tsakiya inda yake saurin ƙarewa, shi ya sa nake ganin tana da hannu a tsufan galaksi, ko da yake ba ita kaɗai ba ce. Galaksin da muke ciki ita ma tana da tata.

Masanin taurari William Herschel ne ya gano NGC 1023 a 1786, a sashen sama da ake kira Perseus. Hasken da kika gani ya yi tafiyar shekara sama da miliyan 30.

Batun rukuni kuwa, hoton ne ya yi ƙunci. Ƙarfin jan juna ne ke haɗa rukuni, kuma tazarar da ke tsakanin mambobi kan kai tafiyar haske ta miliyoyin shekaru. Galaksin NGC 891 tana sashen Andromeda, NGC 925 tana Triangulum, duk 'yan gida ɗaya ne, kuma da sunan NGC 1023 ake kiran rukunin.

Ki sake duba hoton da kyau. A gefen gabas akwai wani ɗan dusu-dusu manne da ita, wato ƙaramar galaksi NGC 1023A. Saboda ita masanin taurari Halton Arp ya sa su a kundinsa na galaksi masu baƙuwar siffa na 1966 da lamba 135. Na'urorin binciken sama masu kama siginar rediyo sun gano gas ɗin haidurojin mai yawa a kewayen babbar, abin da ba a cika samu ga irinta ba, kuma masana da dama na ganin daga jikin ƙaramar ta fizgo shi.