Amsa ga ɗan uwan da anka kama mai tifa da yashi

Salam. Ɗan uwa da ka yi tambaya cewa an tare tifarka ɗauke da yashin gulbi, direba ya fito beli amma mota kwana tara tana ajiye an hana, Allah shi mayar da alheri. Ni ma na sha wannan ruwan, tawa tifar wajen Jega anka kama ta da rani, sai da ta yi sati shida a tsaye, kuma rabin wahalar ni na jawo ma kaina.

Kuskurena na farko na biye ma 'yan "bari in yi magana da oga". Mutum biyu sunka karɓi kuɗina, ko risit babu, kullum gobe gobe, ashe an riga an shigar da motar cikin littafi a matsayin kayan shaida, wanda ke bakin get ba shi da ikon sakinta ko da ƙanen babanka ne. Don haka kafin ka fidda ko sisi ka je da kanka ka tambaya: wa ke riƙe da ita, an rubuta ta, an kai kotu ko ba a kai ba? In ba a kai ba, ana iya ba ka ita bisa sharaɗi, ka sa hannu da mai tsaya maka cewa duk ranar da anka nema za ka kawo. In kuwa an kai to sai lauya ya rubuta ma alƙali roƙon a sake ta, kuma shari'ar ma'adinai ta Babbar Kotun Tarayya ce, akwai ta nan Birnin Kebbi.

Abin da da yawanmu ba mu gane ba, a doka yashi ma'adini ne kamar dutsen kwari, dokar ma'adinai ta 2007 ta ɗora shi hannun gwamnatin tarayya. Wannan 'yar takardar da ake yagar ma direba a bakin rami, ta mai unguwa ko ta ƙungiya, ba lasisi ba ce. Ni da na miƙa tawa ina gadara, jami'in ya juya ta gaba da baya ya ce Alhaji wannan ai tikitin kasuwa ne, wallahi kunya ta kama ni. Abin da ya cece ni shi ne mai ramin yana da izinin ɗiba na gaskiya daga ofishin lasisin ma'adinai, yaransa ne sunka zarce iyaka, da munka kawo kwafi sai magana ta sauya. Ka nemi mai ramin yau ɗin nan. In gefen Yauri ne kan gulbin Neja har izinin NIWA, hukumar tarayya mai kula da hanyoyin ruwa na cikin ƙasa, na iya shigowa ciki, kuma tun da anka kafa dakarun ma'adinai na sibil difens a 2024 abin ya ƙara tsauri.

Takardun mota su zama na asali kuma da sunanka, in sayen hannu ce ka haɗa da takardar ciniki, inshora da lasisin direba kar su zama sun mutu. Ka tahi da shugaban ƙungiyar masu tifa, sun san ƙofa. Tara in an yanke ka biya ta banki ka riƙe risit.

Sannan ka roƙa a bar ka ka ɗauki hoton motar ta kowane gefe, tayu, gejin mai, jak, kuma a sauke yashin don lodi na kashe sifirin in ya daɗe. Ni ban yi ba, ranar da na zo ɗauka batir biyu babu, tanki ƙaf, ba wanda zan riƙe tunda ba a rubuta komai ba, sai da na yi hayar batir a gareji kafin ta tashi.