Tambaya da Amsa: Ina Rubuta wa Yara Labari, Ina Zana Hotunansa da Kaina

Tambaya: Assalamu alaikum Anti. Ni malamar firamare ce a Tudun Wada, Kaduna. Tun ina sakandare nake zane, yanzu kuma na rubuta labaran yara guda uku, na yi musu hotuna da fensir mai kala. Ina so in mayar da abin sana'a. Ta ina zan fara? Kuma zai iya riƙe ni har in bar koyarwa? Hajara.

Amsa: Wa'alaikumus salam, ƙanwata. Kada ki ajiye alli tukuna. Littafin yara a ƙasar nan a hankali yake kawo kuɗi, kuma ajin da kike koyarwa shi ne babban jarinki. Ɗauki labari ɗaya cikin ukun, ki karanta wa 'yan aji biyu da babbar murya, kina ɗaga musu hotunan. Inda suka fara mutsu-mutsu, ki sa alama, jimlar ta yi tsawo ko labarin ya tsaya. Inda suka ce "Malama, a sake!", kada ki taɓa wurin.

Abin da na fi so ki riƙe shi ne rabon aiki tsakanin rubutu da zane. Sababbin marubuta sukan rubuta "Binta ta sa jan hijabi, ta ji tsoro", sannan su zana Binta da jan hijabi tana jin tsoro. An faɗi magana ɗaya sau biyu ke nan. Ki bar hoto ya nuna hijabin da zare idon, rubutu kuma ya ce kawai "Sai Binta ta ji motsi a bayan randa." Tunda ke ce mai alƙalami kuma ke ce mai fensir, kina da ikon goge kalma duk inda hoto ya wadatar. Wannan dama ce da marubucin da ke hayar mai zane ba ya samu cikin sauƙi.

Kuma don Allah ki zana abin da yaranmu suke gani. Raina yana ɓaci idan na buɗe littafin Hausa na tarar da gida mai bututun hayaƙi da tuffa a kan tebur. Ina keke napep, ina mai awara a bakin makaranta, ina gadar kogin Kaduna da damina? Yaron da ya gane unguwarsu a shafi yakan yarda cewa karatu nasa ne.

Batun bugu: irin wannan littafi yawanci shafi 24 ne ko 32, domin maɗaba'a tana ninke babbar takarda ne ta ba da shafi takwas-takwas. Kafin ki kashe ko sisi, ki ninke fararen takardu ki yi samfuri, ki tsara abin da zai zo a kowane shafi. Bugun kala yana da tsada, don haka ki tambayi farashi a maɗaba'a fiye da ɗaya, ki ga aikin da suka taɓa yi da idonki. Lambar ISBN kuma, wato lambar shaidar littafi da ake bugawa a bangonsa, a Babban Ɗakin Karatu na Ƙasa ake samunta.

Idan kamfanin wallafa ne zai ɗauka, ki karanta yarjejeniya da kyau, musamman wurin da ya ce wa ya mallaki hotunan. Zariya na kusa da ke, can kamfanin wallafa littattafai na NNPC (Northern Nigerian Publishing Company) yake tun 1966, can kuma sashen zane-zane na Jami'ar Ahmadu Bello yake, inda za ki iya nuna wa masana aikinki su gyara miki hannu.

Masu saye na gaskiya su ne makarantu. Ki fara da kwafi kaɗan, ki kai wa shugabar makarantarku da Islamiyyun unguwa, ki nemi a ba ki rabin awa ki karanta wa yara kafin a yi maganar kuɗi. Idan samfurin ya kammala, ki aiko mini ta ofishin mujalla in duba miki shi shafi-shafi.