Haɗa na'urar gwajin jini da kwamfuta a ƙaramin ɗakin gwaji

Malama, na ga tambayarki: ɗakin gwajinku a Gombe yana da na'urar ƙidayar ƙwayoyin jini, amma har yanzu da biro kuke kwafe sakamako cikin rajista, kina son ya riƙa shiga kwamfuta da kansa.

Ki fara juya na'urar ki duba bayanta. Yawancinsu suna da mahaɗar RS-232 mai tsinke tara, ko ramin wayar intanet. Sai ki buɗe littafinta ki ga da wane yare take magana, wato tsarin da take aika bayanai da shi, ASTM ko HL7. Manhajar LIS da za ki saya, wato manhajar da ke karɓa da adana sakamakon ɗakin gwaji, dole ta ji wannan yaren, in ba haka ba an yi asarar kuɗi.

Inda aka fi yin tuntuɓe shi ne lambar samfuri. Kwamfuta ba ruwanta da cewa Aisha uku ne suka zo da safe. Lamba ɗaya ta kuskure, sakamakon wata ya hau sunan wata, ba wanda zai lura. Mu a namu ɗakin gwajin sai da muka koma manna lambar da ake haskawa a jikin kowace kwalba tun wajen ɗibar jini, sannan hankalinmu ya kwanta.

UPS, wato na'ura mai batir da ke riƙe kwamfuta in an ɗauke wuta, kam wajibi ne, kin san halin wutarmu. Ƙurar hunturu ma tana toshe fankar kwamfuta.

Kada ku jefar da rajistar nan take. Ku yi mako biyu kuna kwatanta ta da abin da ke fitowa a allo. Saitin haɗin kuwa a bar wa injiniyan kamfanin da ya sayar muku, sakamako kuma ma'aikacin da ke da rajista da MLSCN, hukumar kula da aikin gwaje-gwajen lafiya ta Najeriya, ya duba kafin ya fita.