Dalilin da ya sa ake fara sa sabon injiniya lissafi da hannu

Ɗana, ka tambaye ni me ya sa a ofishin da kake koyon aiki aka miƙa maka biro da takarda, alhali ga manhajojin lissafin gini irin su ETABS da STAAD.Pro a kwamfuta. Al'ada ce mai tushe, ka riƙe ta.

Manhaja abin da ka faɗa mata take lissafawa. In ka ce mata ƙafar fila a kafe take alhali a fili tana iya ɗan juyawa, ko ka manta bangon bulo da ke kan bim, za ta ba ka amsa tsaf ba gardama. Wanda ya saba da hannu ne kaɗai zai duba ya ce wannan adadi bai yi kama da gaskiya ba.

Fara da bin hanyar nauyi: daga dakin (shimfiɗar kankaren bene) zuwa bim, zuwa fila, zuwa harsashi, zuwa ƙasa. Kankare na da nauyin kN (kilonewton, ma'aunin nauyi) 24 a kowace kubik mita, don haka dakin mai kaurin milimita 150 ya kama 3.6 a murabba'in mita. Ƙara 1.2 na tayil da filasta, sai 1.5 na mutane da kayansu in gidan zama ne. A tsarin BS 8110, wato ƙa'idar Birtaniya ta ginin kankare, a ninka nauyin ginin da 1.4, na mutane da 1.6, a samu kusan 9.1. Bim mai ɗauke da dakin mai faɗin mita 3, tsawonsa mita 4, a ɗore a bakinsa biyu, ƙarfin lanƙwasa a tsakiyarsa wL²/8 ne (w nauyin da ke kan kowace mita ta bim, L tsawonsa), wato kusan kNm 55, ban da nauyin bim ɗin kansa. In kwamfuta ta ce maka 20, koma ka nemo inda ka yi kuskure. Kuma ka lura, in tsawo ya ninku biyu, lanƙwasa ta ninku huɗu, lotsawa kuwa sha shida.

Inda na fi jin tsoro shi ne baranda mai fitowa ba fila a ƙarƙashinta. Nata lissafin wL²/2 ne, kuma samanta ne ke miƙewa, don haka rodi a sama yake zama. Leburori kan tattake shi ya koma ƙasa ranar zuba kankare, sai tsaga ta fito a jikin bango, wani lokaci ta rufto ranar da aka cire katako. Ka tsaya da kanka ranar zuba kankaren, ka tabbatar an sa wa rodin abin tallafi.

Hanyar Hardy Cross ta 1930, wato dabarar lissafa lanƙwasar bim mai tazara da yawa da hannu, ita ma kada ka raina ta. Yi bim mai tazara uku da ita, sannan ka gwada amsarka da ta manhaja.

Ka gaida mutan gida.