Ƙwallo 6 a wasa 8: nawa ke nan a wasa 20?

Tambaya: Malam, barkanku da aiki. Ni ɗan kwaleji ne a unguwar Birni, nan Damagaram. An ba mu wannan lissafi: ɗan wasa ya ci ƙwallo 6 a wasa 8, idan ya ci gaba a haka, nawa zai ci a wasa 20? Na ga wasa ya ƙaru da 12, sai na ƙara 12 a kan 6, na samu 18, amma mushe, wato malaminmu, ya soke. Ina na kuskure?

Amsa: Ɗana, kuskurenka shi ne ka tara a inda ya kamata ka ninka. Duba amsarka da kyau: 18 tana nufin ɗan wasan ya ci ƙwallo ɗaya a kowane wasa cikin 12 da suka biyo baya, alhali a 8 na farko bai kai ga haka ba. Ka sauya masa ƙwazo, tambayar kuwa cewa ta yi ya ci gaba a yadda yake.

Abin da ake kiyayewa shi ne dangantakar lambobin biyu, kamar yadda mai awon gero a kasuwar Dole ya san cewa idan tiya ta ninka, kuɗin ma sai ya ninka. Fara da rage lambobin: raba 6 da 8 gida biyu, ka samu ƙwallo 3 a kowane wasa 4. Sau nawa 4 ke shiga 20? Sau 5. To, ninka 3 sau 5, amsa ita ce 15. Domin ka tabbatar, ninka su a gicciye: 6 sau 20 ya ba da 120, 8 sau 15 ma 120 ne, saboda haka 6 cikin 8 da 15 cikin 20 abu guda ne.

Inda wannan dabara ta fi burge ni shi ne wajen gwada 'yan wasan da adadin wasanninsu ya bambanta. A gasar cin kofin duniya, Miroslav Klose na Jamus ya ci ƙwallo 16 a wasa 24 daga 2002 zuwa 2014, wato 2 a kowane wasa 3, yayin da Just Fontaine na Faransa ya ci 13 a wasa 6 kacal a 1958. Wanda ya dubi jimilla kawai zai ce Klose ne gaba, amma idan ka ninka na Fontaine sau 4 domin wasannin su daidaita, za ka samu 52 a wasa 24.

Sai dai kada ka ɗauki 52 ɗin nan a matsayin abin da lalle zai faru, domin rauni da gajiya da ƙarfin abokin karawa ba sa shiga cikin lissafin, kuma wasa 6 sun yi kaɗan a yanke hukunci da su. Shi ya sa ake sa sharaɗin "idan ya ci gaba a haka" a tambayar. Ranar jarrabawa ka ja layi biyu, ƙwallo a sama, wasa a ƙasa, kuma duk abin da ka ninka na sama da shi, ka ninka na ƙasa da shi.