Ta ina ake shiga harkar tallata jarumai a Kannywood?

Wa'alaikumus salam ƙanena. Ka ce ka gama karatun aikin jarida, kana son zama mai tallata jarumai da fina-finai, kana tambayar ta ina ake shiga, kuma ko akwai samu. Na jima a harkar nan a Kano, bari in faɗa maka yadda take.

Kada ka zauna jiran sanarwar ɗaukar ma'aikata. Yawanci furodusa ne zai neme ka in fim ya kusa fita, ku yi cinikin wannan aikin kaɗai, ko kuma jarumi ya ja ka jiki ka riƙe masa shafukansa. Na biyun nan ka yi hattara: in ba ku yanke kuɗi tun farko ba, da "Allah ya yi albarka" da kuɗin mai za ka tashi.

Aikin ma ya sauya. Zamanin kaset da CD, 'yan kasuwar Ƙofar Wambai da Bata ke riƙe da fim, talla kuwa fosta ce da rediyo da mujallar Fim, wadda ta fara fitowa a 1999. Da satar fasaha ta durƙusar da kasuwar, sai aka koma fina-finai masu dogon zango a YouTube da tashar Arewa24. Yanzu kowane mako sai ka nemo abin da zai dawo da 'yan kallo, don haka ka koyi yanka gajeren bidiyo a wayarka.

Amma ba a sanin gwani sai ranar da rigima ta tashi. A wasu wuraren surutu talla ne, a nan kuwa hoto ɗaya kan sa a hau mumbari da sunan jaruma, ƙungiyar masu shirya fina-finai ta MOPPAN ta dakatar da ita, Hukumar Tace Fina-finai ta Kano ta aiko takarda. Abin da nake fara yi shi ne in raba jarumi da wayarsa, don martanin da aka rubuta cikin fushi da tsakar dare ya fi laifin farko ɓarna. Daga nan in kira dattawan masana'antar kafin 'yan jarida. In haƙuri za a bayar, ya fito da bakinsa, da Hausa, a taƙaice. Mutanenmu ba sa yarda da doguwar takardar Turanci. Kuma ko wuya ta yi wuya kada ka yi wa ɗan jarida ƙarya, gara ka ce masa ba yanzu ba.

Batun samu, ba a fim ɗin yake ba, yana wajen kamfanonin da ke ɗaukar jarumai talla. Su kuwa takarda suke so da yarjejeniya a rubuce. Ka yi rajista da NIPR, cibiyar da dokar 1990 ta ba ikon kula da aikin hulɗa da jama'a. Kafin nan, ka nemi ƙaramin mawaƙi a Zoo Road, matattarar 'yan fim da mawaƙa a Kano, ka yi masa aikin wata uku, ka adana shaidar yadda mabiyansa suka ƙaru. Ita za ka nuna wa furodusa.