Furen nan da kika ɗauka a hoto, ƙuduji ne ɗiyata

Wa alaikumus salam ɗiyata. Tun jiya da dare na ga hoton amma ina wurin aiki, sai yanzu na samu zama. Kince kin je Gadarif ta ƙasar Sudan gun dangin babanki karon farko, an kai ki gona kin ga wani fure ruwan hoda mai sirkin shunayya ya cika tsakanin dawa, kina son sanin sunansa da Hausa, da kuma ko za ki iya ɗebo irinsa ki shuka a tukunya in kin dawo Jidda. Na ga har an fara musu a ƙasa, wani yace ƙuduji, wata tace wuta-wuta, wani kuma yace ai buda ce kawai a daina wahala. To duk cikinsu ba wanda ya yi ƙarya, abu ɗaya ne sunansa ne da yawa. Amma wlh da na ga kin rubuta "masha Allah gonar baffana ta yi kyau" sai da na yi dariya ni kaɗai a ɗaki, daga baya kuma tausayin baffan naki ya kama ni, don duk manomin da ya kalli hoton nan ya san bana rumbunsa ba zai cika ba.

Ni a wani ƙauye kudu da Gadarif aka haife ni, na yi noma da babana tun ban kai tsawon karan dawa ba, sai da na haura talatin na zo Saudiyya. Saboda haka abin nan ba a littafi na fara saninsa ba, a tafin hannuna na san shi, ganyensa kaushi gare shi, in ka wuni kana cira hannunka sai ya yi zafi.

Ƙuduji shi ne sunan da muka tashi muka ji a gida, suna ne tsayayye kamar kice kuka ko tsamiya. Wasu tsofaffin gaugai suke cewa. Sauran sunayen kuwa kusan duk zagi ne, in kin lura. Makasa, ko makasar dawa, wannan ba sai an fassara miki ba, daga kisa ne. Akwai dodon dawa, kuma nan ki kula da bakinki, dawa ta hatsi ake nufi wadda ake jan "da" ɗin, ba dawa ta jeji ba, don na taɓa jin wani yaro ya ɗauka wani aljani ne a cikin daji. Dodo ne dai, amma na hatsi.

Wuta-wuta ce ta fi daɗin bayani. Kinsan yadda muke ninka kalma in abu ya yi kama da wani abu amma ba shi ba ne, kunu ya yi ruwa-ruwa, miya ta yi gishiri-gishiri, mutum yana barci-barci. To haka wuta-wuta take, ba wuta ba ce amma aikin wuta take yi. Mutane da yawa suna zaton don launin furen ne aka sa sunan, kuma ba zan ce babu wannan a ciki ba, musamman da yake akwai wata ƙaramar 'yar uwarta mai jan fure jawur kamar garwashi. Amma ni abin da babana ya nuna min daban ne. Ya kai ni gindin dawa ana tsakiyar harif, wato damina, ƙasa jiƙe sharkaf, ƙafa na nutsewa a baƙin laka irin na Gadarif, amma ganyen dawa ya nannaɗe ya yi ɗorawa-ɗorawa, bakinsa ya bushe kamar an gifta da wuta. Yace min ka ga wannan, ƙishirwa take ji alhali tana tsaye cikin ruwa. Lokacin ko ɗigon fure babu a gonar, ko tsiron ƙudujin bai leƙo ba. Wato wutar tana ci ne a ƙarƙashin ƙasa.

Ga yadda abin yake. Irinsa ƙanana ne ƙwarai kamar ƙura, in aka zuba miki a tafin hannu za ki ce toka ce, kuma gindi ɗaya yana zubar da dubun dubata. Yana iya kwanciya a ƙasa shekara 10 har fiye bai mutu ba bai kuma tsiro ba, yana jira. Abin da yake jira shi ne wani ɗan sinadari da saiwar dawa ko gero ko masara take fitarwa, da ya ji shi sai ya tsage ya miƙa ya kama saiwar ya huda ta, shikenan ya samu nono. Ruwan da dawa ta ja da abincin da ta haɗa duk ta nan suke zurarewa. Sai ya yi sati huɗu, biyar, har fiye yana tsotso a ɓoye kafin ya fito sarari, sannan ya yi wannan furen da ya burge ki wajen watan tara zuwa na goma. Yani ranar da kika ga fure, mafi yawan ɓarnar an riga an gama ta. Shi ya sa ba za ki taɓa jin manomi ya kira shi da suna mai daɗi ba, mu da muka raɗa masa suna ba daga mota muke hangensa ba.

Ba mu kaɗai ba ma. Turawa sunan da suka ba shi ma'anarsa ciyawar mayu, don su ma sun ga shuka tana ramewa ba a ga mai cinta ba, kinga kuwa ai maita kenan a wurinmu. A littattafan masana Striga ake rubutawa, irin na hotonki kuma Striga hermonthica, kashi na biyu na sunan daga wani tsohon gari ne a kudancin Masar kusa da Uksur, yanzu Armant ake ce masa. Mai jan furen nan da na faɗa ita ce ta ɓulla a Amurka a 1956 a jihohin Karolina, hankalinsu ya tashi suka killace gonaki, suka yi shekaru da shekaru suna yaƙi da ita, har iskar gas suke turawa cikin ƙasa don irin ya ruɗe ya tsiro ba uwar da zai kama ya mutu. Mu kuma hannu ne da haƙuri.

Buda kuwa Larabcin Sudan ne, kuma gaskiya yaranmu na yanzu a Gadarif da Sinnar da Damazin ita suka fi sani, kace ƙuduji sai su tsaya suna kallonka. Ni ban ga laifin buda ba, in za ka yi magana da mai babur, wato tarakta a bakin mutanen Sudan, ko ma'aikacin gona dole ita za ka ce. Har irin dawa akwai wanda masu binciken noma na Wad Madani suka fitar aka sa masa suna Mugawim Buda, wato mai jure buda. Abin da nake ƙi shi ne a ce wai Hausa ba ta da sunan abin, kamar yadda wani ɗan uwa ya rubuta a musun nan. Haba malam. Kakanninmu da suka taso daga yamma bayan yaƙin Burmi na 1903, waɗanda suka kafa Mai Wurno a bakin kogi da waɗanda suka bazu har Gadarif da Kasala, manoman dawa da gero ne tun can, da sunayen nan a bakinsu suka zo, ba a nan suka fara gamuwa da shi ba.

Sai dai kar a haɗa shi da wasu, don na ga ana cakuɗawa. Haluk, ciyawar da ake kuka da ita a arewacin Sudan wurin masu noman waken ful, daban ne, duk da halinsu ɗaya na kama saiwa. Kauci kuma a kan reshen itace yake zama ba a ƙasa ba, shi ne na kirarin nan kaucin kaba sha nema. Akwai kuma ƙudujin wake, gajere ne, furensa ƙanana masu haske-haske, shi wake yake bi ba ruwansa da dawa.

A gidanmu sunan ya wuce gona ma. Kakata Allah ya jiƙanta, in baƙo ya zo ya tare, ga fara'a ga wanka ga turare, kullum shi ne farkon wanke hannu amma ko tsinke bai taɓa kawowa ba, ba za ta ce komai a gabansa ba, sai in ta je awo ta ga buhu ya yi ƙasa tace hmm, ƙuduji ya shiga gona. Haka in ana yabon kyan wata yarinya da ita ba ta yarda da halinta ba, sai tace ai wuta-wuta ma fure gare ta. Mu yara muna dariya ba mu gane ba. Ni kaina sai da na ɗanɗana na gane.

Shekarar da zan yi aure na so in yi noma nawa na kaina ban da bildat ɗin babana, wato ƙaramar gonar gida, sai wani mutum ya ba ni hayar faddan 10, kusan eka 10 kenan, da araha har na riƙa jin kunya kamar na cuce shi. Da rani na je na duba, fili shimfiɗe, baƙar ƙasa ta tsattsage yadda ake so, ba dutse ba kwari. Babana ya tambaye ni me aka shuka a wurin bara, nace dawa, bara waccan fa, nace dawa, yace kafin nan fa, nace ban tambaya ba. Bai ƙara magana ba. Na kawo babur aka yi huɗa da diski aka zuba dawar feterita, ruwa ya sauka lafiya, tsiro ya fito gwanin sha'awa, na biya kuɗin kadib, wato cire ciyawa, har sau biyu. Wajen sati na shida sai dawa ta tsaya cak, ta maƙwabta tana wuce kai tawa tana gwiwa. Da watan tara ya shiga kuwa gonar nan ta koma kamar an shimfiɗa zanen amarya, tun daga bakin hanya ake hangowa, masu wucewa a lori suna nunawa. Abin da na kwasa ko kuɗin babur da na 'yan aiki bai mayar ba, auren sai da aka ɗaga zuwa wata shekara. Mai filin ya san abin da ke kwance a ƙasarsa, shi ya sa ya yi araha, ni kuma na je duba gona a lokacin da ba abin da za ta nuna min. Tun daga ranar in za a karɓi fili nake ce wa yara ku je ku gan shi a watan tara ko goma, ko ku tambayi maƙwabta, kar ku tambayi mai shi.

Abin da ya sa ya yi yawa a yankinmu ba ɓoyayye ba ne. Tunda aka fara noman babur a wajen Gadambaliya a shekarun 1940 ake ta maimaita dawa kan dawa a manyan gonakin da ake kira mashru, ba hutu ba taki, ƙasa ta gaji, shi kuwa ƙuduji ba abin da yake so kamar gajiyayyar ƙasa. Kuma diskin babur ɗaya zai yi gonar wannan ya wuce ta wancan da laka a jikinsa, ga iska ga ruwa ga dabbobi, ga irin shuka da aka sussuka a ƙasan gonar da ta kamu.

Ki gaya wa baffanki, ko da yake na san ya fi ni sani, a cire shi yanzu tun yana fure kafin ya ɗaura 'ya'ya, a tara a fitar daga gonar a ƙona, kar a watsar a kunya don ko a cire yana iya ƙarasa nunar da irinsa. Wannan ba zai ceci dawar bana ba, ta baɗi da ta gaba ake yi wa. Sannan ya huta da dawa a wurin, ya sa riɗi ko gyaɗa ko wake ko auduga. Auduga ma dabara ce mai kyau, saiwarta tana fitar da sinadarin da ke tada irin amma ba ya iya kama ta, sai ya tsiro ya mutu da yunwa cikin 'yan kwanaki, kuma a saiwar audugar aka fara gano sinadarin a 1966. In da hali ya zuba takin dabbobi ko yuriya, dawar da ta ƙoshi ta fi jurewa. Ba a gama shi a shekara ɗaya, duk wanda yace miki yana da maganin da zai share shi damina ɗaya kuɗinki yake so.

Batun tukunya kuma, ɗiyata ki bar shi. Ko kin shuka ba zai fito ba sai kin shuka masa dawa ko gero a gefe ya kashe, kuma irin shuka ba abin da ake ɗaurowa a jaka a tsallaka da shi ƙasa ba ne haka kawai, balle wannan, ga mutanen Jizan suna noman dawarsu. In fure kike so a baranda ki nemi ɗoɗɗoya ko lalle ko furen nan mai ƙamshi da ake kira ful, duk suna yi a Jidda. Takalmin da kika shiga gonar da shi ma ki wanke shi tas tun a can kafin ki sa a akwati. In kuma akwai sauran wuri a akwatin, a taho mana da garin feterita ko kilo biyu ne, mun kwana biyu ba mu ci kisra ta gaske ba.